Yatsan Baba Ebenezer

Hannah na tankaɗen garin dawa a tsakar gidansu da ke Rikoto sai ga ƙarar babur har bakin rumbu. Baba Ebenezer ne, ƙanen mahaifinta, a kan sabon babur ɗan China, ko ledar kujera bai cire ba. Wata biyu ke nan da wata babbar mota ta take mahaifinta Philip a hanyar Ribah, amma ga ƙaninsa yana washe haƙora. Mutumin da ko keke bai taɓa mallaka ba!

"Matar yaya!" ya ƙwala wa Mama Magdalene, mahaifiyar Hannah, kira. "Wai kun kai mai motar ƙara? Wa ya aike ku?"

Japhet, saurayin Hannah, ya ajiye fartanyar da yake gyarawa. Shekara shida yana golmo, noman da saurayi ke yi wa uban budurwa kafin a ba shi ita, saura damina ɗaya tak.

"Baba, ni na raka Mama wurin lauya. Motar nan ba ta da birki, kowa ya gani. Ga yara uku a makaranta—"

"Rufe mini baki! Magana ta mutu. Mai motar ya zo ranar jana'iza, mun yi sulhu, na dangwala yatsa. Ni ne babba a gidan nan yanzu."

Mama ta dafe ƙirji. "Ranar jana'iza? Muna bakin kabari, kai kana bayan coci kana cinikin jinin ɗan'uwanka? Ashe buhun shinkafar da ka ce na ta'aziyya ne, shi ne rabonmu!"

Ko a jikinsa. Ya nuna Japhet da makullin babur.

"Kai kuma, ko a janye ƙara, ko golmonka ya bi Philip kabari. Shi ka yi wa noma, ni ko sara ɗaya ba ka yi mini ba. Ba ni ba ka Hannah!"

Yana fita Hannah ta fashe da kuka.

"Filis, ina roƙonka Japhet, mu bar kes ɗin nan na kotu. Shekara shida fa! Ba ni iya ganin wahalarka ta tashi a banza."

"In aure ki, ƙannenki su bar makaranta? Da wane ido zan dubi Mama? Ki yi haƙuri, Hannah. In ke kina jira, ni ma ina jira."

Ta share hawaye da gefen zane. "Ina jira," ta ce.

Damina ta sauka, Japhet ya tara abokansa suka shiga gonar marigayi kamar yana nan yana kallonsu. Baba Ebenezer kan wuce ta bakin gonar yana danna oda, yana cewa, "Sannu da aikin banza!" Shi dai Japhet sai ya durƙusa ya gaishe shi, ya koma kan fartanya. Kai, mai haƙuri yana ganin abubuwa.

Ranar shari'a lauyan mai motar ya fito da takardar sulhu, ya ce an riga an biya, ƙara ba ta da gindi. Alƙali ya tambayi mai yatsan da ke jiki. Baba Ebenezer ya miƙe cikin babbar riga, yana hura hanci.

"Marigayi yana ciyar da kai?" in ji alƙali.

"A'a, ranka ya daɗe."

"Matarsa ta wakilta ka? Ko 'ya'yansa?"

"Ai a al'adarmu, in wa ya mutu, ƙane ne bakin gida."

"Bakin gida na ji, amma cikin gida fa?" Ya juya ga Mama. "Ke kin sa hannu?"

Mama ta ɗaga babban yatsanta. "Ranka ya daɗe, wannan yatsa tun da aka haife ni bai taɓa tawada ba."

Alƙali ya ce diyya haƙƙin waɗanda mamaci ke ciyarwa ce, takardar kuma ba ta ɗaure kowa ba sai mai yatsan. Ƙara ta ci gaba, Mama da 'ya'yanta suka yi nasara. A ƙofar kotu mai motar ya shaƙe wuyan babbar rigar nan, bai saki ba sai da makullin babur ɗin da ya ba shi na sulhu ya koma hannunsa. Tir! Dattijo da furfura, ana ja kamar akuya.

Da kaka dattawan dangi suka taru a gidan, suka leƙa rumbu suka same shi cike har baki.

"Wa ya noma wannan?" in ji babbansu.

"Japhet," in ji Mama.

"To golmo ya cika. Wanda bai zuba ko zangarniya ɗaya a nan ba, ya kama bakinsa."

Ranar ɗaurin aure Baba Ebenezer ya zo coci a ƙafa, ya raɓe a bencin baya, ko yara ba su matsa masa ba. Da fasto ya nemi shaida daga gidan amarya, Mama ce ta tashi. Ta dangwala yatsanta a tawada, karo na farko a rayuwarta, ta danna ƙarƙashin sunan Hannah da Japhet.

'Yan'uwa, kwaɗayi mabuɗin wahala ne. Wanda ya ci haƙƙin marayu zai amayar da shi a bainar jama'a, mai haƙuri kuwa shi ke shiga da amarya gida.