Huseina Ta Wasa Gatarin Aradu

Ranar da Isiyaku ya fara ganin Huseina, yana tsugune ne a bakin gonarsa ta Kutemeshi, ya jera duwatsu bakwai a kan tsumma. Baƙaƙe ne sumul, kowanne da baki irin na gatari. Shekara biyar ke nan da samun mulkin kai, kuma daminarsa ta farko a gefen dajin da mahaifinsa ya bar masa. Garma ce ta riƙa tono su ɗaya bayan ɗaya.

'Yan mata masu dawowa daga itace suka hango, suka watse suna salati. "Gatarin aradu!" Kowa ya san abin da ake faɗa: in aradu ta faɗo ita ke barin irin wannan dutse, kuma ba ta bin kowa sai gidan da aka yi rantsuwar ƙarya.

Ɗaya ce ba ta gudu ba, Huseina. Ta sauke itacenta, ta ɗauki dutse guda tana shafawa da babban yatsa.

"Ke ba kya tsoro?" in ji Isiyaku.

"Tsoron me? Tun ina 'yar shekara takwas nake niƙa. Na san yadda dutse ke cin dutse. Wannan kam, hannu ne ya wasa shi."

"Hannun wa?"

"Kai da ka tono shi, ba ka tambaye shi ba?"

Ta ɗauki itacenta ta wuce. Isiyaku bai ƙara tada kunya ko ɗaya a gonar ba ranar.

Kafin gero ya fitar da kai, ya zama ɗan gida a wajen zance. Yana kiranta Zinariya, ita kuma tana kiransa Sarkin Duwatsu. Mahaifinta, Malam Bakoji, masassaƙi ne da turamensa suka kai har Funtuwa, kuma da farko bai nuna ƙi ba.

Nababa mai keken ɗinki, wanda ya daɗe yana son Huseina ba ta kula shi ba, shi ya kai maganar kasuwa. "Gatari bakwai a gona ɗaya! Wace irin rantsuwa kakansa ya yi?"

Ranar da magabatan Isiyaku suka je tambaya, Malam Bakoji bai karɓi goronsu ba.

"Ban ga laifin yaron ba," in ji shi. "Amma ba zan kai 'yata inda aradu ta saba hanya ba. Kada ya ƙara zuwa."

A wannan makon ne wani Malam Enoch, ma'aikacin gidan kayan tarihi, ya zo a babur, don labarin ya kai masa. Ya kwana uku yana tono a gonar da ɗan cokalin magini, ya fito da sakainar tukwane da gawayi.

"Gari ne a nan," ya ce wa Isiyaku. "Tun kafin a san ƙarfe. Da waɗannan suke sare daji, kamar yadda ka sare. Ga hayaƙin girkinsu a jikin tukunya."

Ya maimaita haka a gaban dattawa. Suka ce ɗan boko ne, me ya sani game da aradu? Da zai tafi sai ya ce wa Isiyaku in yana so ya bi shi, akwai aikin tono. Nababa ya tabbatar maganar ta shiga gidan Malam Bakoji kafin la'asar.

Washegari Goggo Mairama mai daddawa ta miƙa wa Isiyaku takarda, da rubutun da Huseina ta koya a ajin yaƙi da jahilci:

"Sarkin Duwatsu, an ce za ka bi mai babur. In gaskiya ne, to ashe kai ma ka yarda da Nababa. Sauka lafiya."

Ya amsa a bayan takardar:

"Zinariya, ko aradun ce ta zo da kanta da babur ba zan hau ba. Gonar ubana ce, kuma a cikinta zan gina ɗakinki. Amma bakina bai kai kunnen Baba ba. Ki gaya mini abin da zan yi."

Amsarta gajeriya ce:

"Ka aiko mini baƙin dutse daga rafi, mai tauri, tsawon tafin hannu. Ka ɗauko shi a gaban mutane."

Ya ɗauko shi a gaban masu wanki, Goggo Mairama ta kai.

Da safe Huseina ta jawo tsohon dutsen niƙa zuwa gindin ɗorawa inda mahaifinta ke sassaƙa. Ta zuba yashi, ta yayyafa ruwa, ta hau goga baƙin dutsen a kai.

"Mene ne wannan?"

"Dutse ne, Baba. Duba shi da kyau, don kada a ce daga sama ya zo."

"Na hana ki yaron nan."

"Ka hana, kuma ban gan shi ba. Wasa dutse ne ba ka hana ni ba."

Kullum in ta gama aikin gida sai ta zauna. Kwana biyar, tafinta ya yi bororo. Kwana tara, dutsen ya fara sumul, mata suka fara leƙowa ta katanga. Isiyaku ba ya iya kusantar gidan. Yakan tsaya a bakin rijiya, inda ƙarar wasa dutsen ke isowa, ya ƙi tafiya har sai ta tsaya.

Rana ta goma sha biyu hadari ya haɗo baƙi ƙirin daga gabas. Innarta ta fito da gudu.

"Huseina, don girman Allah jefar da abin nan! Kiranta kike yi!"

"Inna, in tata ce ta zo ta karɓa."

Aka yi tsawa har ƙasa ta amsa. Ruwa ya sauko, Huseina ta ce ya rage mata ɗebo ruwa, ta ci gaba da gogawa. Isiyaku na bakin rijiya, ya jiƙe sharkaf, bai motsa ba.

Malam Bakoji yana zaure yana kallo. Ya daure, ya daure, har ya kasa.

"Ke! Ba haka ake fitar da baki ba. Kin cinye gefe ɗaya kin bar ɗaya. Wannan ko gwanda ba zai sara ba. Kawo!"

Ya fito cikin ruwan, ya tsugunna, ya karɓa. Ya juya dutsen, ya kwantar da hannu, ya goga, ya ɗaga ya auna da ido. Ruwa ya ɗauke bai sani ba. Da bakin ya fito daidai, sai ya ɗauko ƙota ya ɗaura, ya kai wa wani gungumen kirya sara. Ɓawo ya yi tsalle.

Sai a nan ya dubi abin da ke hannunsa. Can sai dariya ta ƙwace masa har da tari.

"La ilaha illallahu! Yau Bakoji ne aradu?" Ya share ido. "A kira mini yaron can da ke shan ruwa a rijiya. Ya zo da nasa bakwai ɗin."

Isiyaku ya zo ya durƙusa, ya shimfiɗa tsumman. Malam Bakoji ya bi su ɗaya ɗaya, kamar mai duba aikin abokin sana'a.

"Wannan bahago ne. Wannan kuwa malalaci, bai gama ba ya yar. Amma wannan," ya ɗaga na ƙarshe, "wanda ya yi shi ya fi ni hannu. Allah kaɗai Ya san sunansa." Ya dubi Isiyaku. "Na ɗora wa gidanku abin da ba naku ba. Ka yafe mini. Ka ce da magabatanka su dawo da goron nan."

Aka ɗaura aure bayan an yi girbi. Nababa ne ya ɗinka rigar ango, don babu wani tela a garin, kuma ya ɗinka ta da kyau.

Da aka kai amarya sabon ɗakinta a bakin gonar, Isiyaku ya kama hannunta ya buɗe tafin, ya ga fatar ta yi kanta a ƙarƙashin lalle.

"Zinariya, duk saboda ni?"

"Kai ka ji shi! Saboda Nababa ne, don ya rufe baki."

Daga waje muryar Malam Bakoji ta tashi, mutane suna amsawa da amin: "Allah Ya ba da zaman lafiya. Allah Ya cika rumbu, Ya cika ɗaki. Waɗanda suka fara hura wuta a wurin nan sun tafi. Allah Ya sa taku ta daɗe tana ci."