Harin Barde a Falon Rhoda

"Kawu, don Allah kar ka manta da labarin Barde," in ji Uwaisu, suna hawa benen su Rhoda a Deptford.

"Ni za ka koya wa neman aure? Wuce mu je!"

Uwaisu ya yi dariya. Tun zuwansa London karatu yake son Rhoda, nas ce a wani asibiti. Ga babanta, Malam Kambai, ya zo daga gida ganin 'yarsa. Yau ko a ba shi ita ko a hana.

Aka gaisa, aka sha shayi. Kawu Maharazu ya gyara babbar riga, ya shiga faɗin asali. In ya hau labarin nan ba ya da burki.

"Kakanmu Barde ne ya ja dawakai har ƙuryar ƙasar abokan gaba, inda ba wanda ya taɓa kaiwa. Da asuba suka faɗa wa Dutsen Gyarta! Suka ƙone rumbuna, suka koro mata da yara..."

Uwaisu yana gyaɗa kai, har da murmushi. Sai ya ga Rhoda ta tsaya cak da tire a hannunta.

Malam Kambai ya ajiye kofinsa a hankali.

"Garinmu ne."

Ya dubi Kawu Maharazu, ya ci gaba.

"Kakata ta je rafi da ƙanwarta ran nan. Ita kaɗai ta dawo. Har ta mutu, in ta yi tuwo sai ta ajiye wa ƙanwar nata."

Kunya ta rufe Uwaisu, ya ji kamar ƙasa ta tsage ya shige. Shi fa ya roƙa a ba da labarin! Tun yana yaro yake tinƙaho da shi, bai taɓa tambayar su wa aka koro ba.

Ya zame daga kujera ya durƙusa.

"Baba... wallahi ban sani ba. Ba ni da bakin da zan roƙe ka ita."

"Baba, ina son sa!" in ji Rhoda, tana kuka.

Tsohon ya juya ya dubi Uwaisu.

"Ba a London zan ba ka amsa ba, ɗana. Ka zo Dutsen Gyarta. Ka bar mota a gindin dutse, ka hau da ƙafa, ka yi sallama. Wancan karon da kuka zo ɗaukar 'yarmu, ba ku yi ba."

Uwaisu bai iya ɗaga kai ba. Hawayensa na ɗiga kan kafet, ya ce, "Zan zo, Baba."