Rubutun da Ke Bayan Littafin Coci

Da takardar goge hannu Manal ta riƙo littafin, ta ɗaga shi da yatsu biyu kamar ta tsinto mataccen ɓera.

"Khala Mastura! Zo ki ga kayan auren amaryarki!"

Ina durƙushe a kicin ina jera kofuna gabana ya faɗi. Saura kwana biyar a ɗaura mini aure da Fawaz, mun zo jere a sabon gidanmu da ke unguwar Safa a Jidda. Kwalin nan da hannuna na manne bakinsa, na tura shi can ƙarƙashin gado. Babu wanda ya sa Manal ta janyo shi. Amma 'yar ƙanwar Khala ce, kuma duk unguwarsu ta Madain Fahd an san tun tana sakandare ta ƙwallafa rai a kan Fawaz, shi kuwa ko kallon banza ba ta ishe shi ba.

Na iske littattafai uku a kan katifa. Ɗaya na koyon yaren Igbo, ɗaya na al'adunsu na aure da suna da fasa goro. Na ukun shi ne a hannunta, baƙi, mai gicciye a bango.

Khala Mastura, mahaifiyar Fawaz, ta dafe ƙirji.

"A'uzubillahi! Arwa, esh hada? Mene ne wannan?"

"Na Mamana ne, Khala."

"Littafin coci? A ɗakin da ɗana zai yi sallah?"

"Ba karantawa nake ba. Ajiya ce."

Manal ta yi wata 'yar dariya. "Ajiya! Ai dama na faɗa, jinin Inyamurai ba ya wankuwa."

Wallahi da ba don idon Khala ba, da sai na cusa mata takardar nan a baki.

Mamana 'yar Igbo ce. Aikin jinya ya kawo ta Jidda tana budurwa, ta haɗu da Babana Abdulghaffar, telan jallabiya a Ruwais, ta musulunta, Uchechi ta koma Hajara. Shekara uku ke nan da rasuwarta. Littafin waƙoƙi da addu'o'in cocin nan, uwarta ce ta danƙa mata a filin jirgi, ba su kuma sake ganin juna ba. Ni kuwa ina yarinya kunyar yarenta nake ji. Idan ta yi mini Igbo a ƙofar makaranta sai in ce, "Mama, halas, ya isa mana, ana kallonmu!" Ta yi ta haƙuri har ta daina. Yanzu da babu ita nake bin littafin koyon kalma-kalma, ina cizon yatsa.

Fawaz ya shigo da ledar shawarma, ya ga fuskokinmu, murmushinsa ya ɗauke.

"Ummi, lafiya?"

Khala ta nuna masa da haɓa. Ya daɗe yana kallon gicciyen kafin ya matso kusa da ni, ya rage murya.

"Habibti... ki ba ni su in fita da su. A wuce wurin."

"Ka kai su ina?"

"Ko'ina. Takarda ce fa, ya galbi."

"Takarda?" Na dube shi. "Mamana ce fa, Fawaz."

"Na sani, amma..."

"To ku ji da kyau," Khala ta katse shi tana yafa abayarta. "Ko littattafan nan, ko ɗaurin aure ranar Alhamis. Yalla, Manal, mu tafi."

Ashe kafin ta ajiye littafin Manal ta riga ta buɗe bayansa. Akwai shafuka huɗu a can da Mama ta cika da rubutun hannunta, irin cakuɗaɗɗen rubutun ma'aikatan asibiti, haruffan duk da ɗigo a ƙarƙashinsu. Ta ɗauki hoto. Kafin la'asar ya shiga zauren dangi na waya, ta rubuta a ƙasa: "Addu'ar coci da hannun marigayiya. Shekara ashirin da shida tana yaudarar mutane da abaya."

Ban san abin da ke shafukan ba. Da Larabci na yi karatu, bokona bai kai ya kawo ba, balle rubutun Mama. Na ɗauka wasiƙa ce da Igbo, don ita ma nake koyon yaren. Ban san me ta rubuta ba, amma na san uwata, kuma ko na minti ɗaya zuciyata ba ta yi rawa ba.

Na kira Fawaz sau tara. A na goma ya ɗauka.

"Ka ga abin da 'yar'uwarka ta rubuta?"

"Na gani."

"Me ka ce mata?"

Ya fara gyaran murya.

"Fawaz, me ka ce?"

"Arwa, ki bari a bincika tukuna..."

Na kashe wayar.

Baba ya dawo daga shago na nuna masa hoton. Ya sa tabarau, ya duba, ya cire tabarau. Mutumin da ko mai ciniki ya zage shi sai ya ce Allah ya shirya, sai ga shi ya miƙe a fusace.

"Ɗauko littafin. Gobe bayan la'asar za mu Madain Fahd."

Falon Khala ya cika taf. Gwaggwanni, matan kawunnai, har waɗanda ba su zo baikona ba ranar sun sami mota. Ko shayi ba a ba mu ba. Fawaz yana tsaye a bakin ƙofa, ya kasa haɗa ido da ni.

"Abu Arwa," in ji Khala, "mu ba mu da matsala da kai. Kai ɗan gida ne, kakanka da kakana jirgi ɗaya suka hau zuwa ƙasar nan. Amma ba za a kawo mana coci cikin zuri'a ba."

Baba ya tashi tsaye. Ya miƙa wa Manal littafin.

"Ke ce mai Turanci, ko? Karanta mana."

"Ni? A'uzubillahi, ya Ammi, bakina ba zai..."

"Hannunki ya iya yaɗawa. Karanta. A hankali, da ƙarfi."

Ta karɓa tana yatsina, ta kusanto da shafin fuskarta.

"A-lị... ha-mụ-dụ... lị-laa-hị... ra-bị-lị..."

Ta tsaya cak.

"Ci gaba," Baba ya ce.

Ba ta ci gaba ba. Wata tsohuwa da ke lungu ce ta ƙarasa a hankali, "...alamin. La haula! Ai Fatiha ce!"



"Fatiha ce," in ji Baba. "Shafi na biyu tahiya, sauran ƙananan surori. Lokacin da ta musulunta ba ta san alif ba. Ina karanta mata a waya, tana rubutawa yadda kunnenta ya ji, da haruffan yarensu. Shi kaɗai ne littafin da ke jakarta a ɗakin ma'aikatan asibiti. Wata shida tana ajiye shi a gefen dardumarta tana leƙawa, har ta haddace." Ya dubi Khala. "Wannan ita ce matar da kuka ce ta yaudare ku."

Hawaye suka ɓalle mini. Shekara uku ina haddace sunan ruwa da gishiri da Igbo don in karanta wasiƙar uwata, ashe abin da nake karantawa a kowace sallah ne.

Khala ta gyara zama, ko kunya babu. "To, alhamdulillah. Sai a yage shafukan nan huɗu a ajiye, a zubar da sauran. Halas, magana ta ƙare."

"Ba za a yage komai ba," na ce. "A haɗe ta bar shi."

Sai ga Fawaz a gabana, fuskarsa ta washe, har da sauke ajiyar zuciya.

"Alhamdulillah, habibti! Wallahi yanzu hankalina ya kwanta. Tun jiya ban iya cin abinci ba."

Na tsaya ina kallonsa. Shekara biyar nake son mutumin nan. Na san yadda yake shan shayinsa, na san tarinsa a cikin mutum ɗari.

"Yanzu ya kwanta?"

"Ai kin gane... kowa zai yi tunani..."

"Kai ba kowa ba ne, Fawaz. Ramadan biyu ka sha ruwa a gidanmu, ta tsaya a kanka sai ka ci ka ƙoshi. Ranar da ta rasu kana sahun farko, kai ka kama makarar ta dama." Muryata ta hau, ban damu ba. "Gawar wa ka ɗauka kana yi wa sallah?"

"Arwa, don Allah, a gaban mutane..."

"A gaban mutane aka zage ta, ka ce a bincika!"

Na zare zoben baikon. Ya ɗan maƙale a gaɓa, na ja da ƙarfi har ya goge mini fata. Na ajiye shi a kan farantin dabinon da ba a miƙo mana ba, na fizge littafin daga cinyar Manal.

"Ga zoben can, Manal, ki gwada ko zai shige ki."

Fawaz ya biyo ni har matakala yana kiran sunana, yana rantsuwa, yana cewa in ba shi minti ɗaya. Ina jin sa har cikin raina, ban juya ba, don na san idan na juya zan tsaya.

A mota na rungume littafin, na kafe idona a kan titi, na dage ba zan yi kuka a unguwarsu ba. Baba yana tuƙi. Sai da muka hau babban titi ya miƙo mini hankicinsa mai warin man keken ɗinki.

"Yi abinki, uwata," ya ce. "Mun fita daga Madain Fahd."