Fasfon Da Bai Ƙone Ba

Ranar Asabar da hantsi Bara'atu na tsugune bakin rijiya a gidansu na Tsafe, tana lalube aljihunan mijinta Sabiru kafin ta jiƙa kayan, don shi bakanike ne da ko sifana sai ya manta a wando. Hannunta ya ci karo da wata takarda a ninke. Ta karanta, ta sake karantawa, sai ga ta zaune daɓas a kan jiƙaƙƙen siminti.

Takardar rantsuwa ce da sunan Sabiru, wai fasfonsa ya ƙone a gobara. Wace gobara? Fasfon na hannun kotu a Gusau tun wata bakwai, lokacin da aka tuhume shi da karɓar kayan sata saboda wani babur da aka kawo masa gyara. Wanda ya tsaya masa beli kuwa mahaifinta ne, Malam Yahaya na Kekun Waje, tsoho mai ciwon ƙafa, wanda ya sa hannu cewa in surukinsa ya ɓace, shi za a kama.

Tana nan zaune Sabiru ya shigo, mahaifiyarsa Hajiya Uwani na biye da shi. Yana ganin takardar ya sunkuyar da kai.

"Malam, mi ne wanga?" Bara'atu ta ɗaga masa takardar.

Hajiya ce ta amsa, ko kunya babu. "Ni nas sa yayanshi Tajuddeen ya bugo ta. Kawunshi ya samo mishi aiki a Madina, ga fasfon ya kusa mutuwa, kotu ta danne. Sabo za a yi mishi a wani gari, shi yi tafiyarshi."

"Inna, Babana fa?"

"Wa ka kulle tsoho? Kwana biyu su sako shi."

Bara'atu ta ji kamar an sheƙa mata ruwan randa. Matar da ta durƙusa tana gode wa Malam Yahaya ranar beli, yau ita ke lissafa masa kwanakin kurkuku! Ta juya ga mijinta tana hawaye.

"Ka sa hannu?"

"Ban sa ba tukuna. Bara'atu, na gaji. Kastomomi duk sun gudu, ana nuna ni a tasha..."

"Na sani. Amma Baba bai tambaye ka ko ka yi satar ba, ya ce dai kawo biro. Mu je wajen lauya a roƙi alƙali. In ya hana, ya hana."

"To zaɓi," in ji Hajiya. "Ko maganata ko tata."

Sabiru ya karɓi takardar daga hannun Bara'atu. Daga nan ya durƙusa gaban mahaifiyarsa ya ce, "Hajiya, ki gafarce ni. Ba ni iya rantsuwa kan ƙarya." Ya yayyaga takardar.

Daga ranar Hajiya ta daina amsa gaisuwar surukarta. Kullum Bara'atu ta kai tuwo, kullum kwanon ya dawo a rufe. Ta yi kuka har ta gode Allah, amma ba ta fasa kaiwa ba, ba ta kuma gaya wa mahaifinta komai ba.

Sau biyu ana ɗage sauraron roƙon. A na uku Hajiya ta biyo su Gusau, wai ta ga ƙarshen taurin kai. Alƙali ya duba ya ga zama goma sha ɗaya Sabiru bai taɓa fashi ba. Ya tambayi mai beli ko ya yarda a saki fasfon. Malam Yahaya ya miƙe da sandarsa ya ce, "Ranka shi daɗe, yaron ga ko a mafarki bai tunanin gudu shi bar ni. Na yarda."

Hajiya ta kasa ɗaga ido.

Alƙali ya ba da izni a sabunta fasfon, Sabiru ya je wata uku ya kama aikin, ya dawo ranar shari'a. A bakin ƙofa lauyan ya ce, "Gara da munka biyo ta nan. Sunanka na wajen jami'an shige da fice. Da ka je ka dangwala yatsa neman sabo, nan za su damƙe ka, a soke belin."

"Innalillahi," in ji Hajiya, ta dafa bango.

Sabiru ya tafi, ya kuma dawo saura kwana uku a zauna shari'ar. A zaman da ya biyo aka wanke shi tas, don an kama ɓarawon babur ɗin, ya kuma amsa cewa Sabiru bai san na sata ba ne. Hanyar gaskiya tana da jinkiri da kuka, amma wanda ya yi haƙuri da ita bai ci amanar wanda ya tsaya masa ba, shi ke tafiya da mutuncinsa ya dawo da shi.

Ita kuwa Hajiya ba ta jira wannan ba. Tun ranar da suka dawo daga Gusau, da Bara'atu ta ajiye kwano za ta juya, Hajiya ta riƙo bakin zanenta.

"Zauna, ɗiyata. Wanke hannu mu ci tare."