Hannuwana a Kan Ƙonannen Kwano

Gitau, ajiye wayar nan. Nyokabi, bar tuwon ugalin ya huce, zo ki zauna. Maganar ƙanwarku Wachuka ce.

Kun san Ndirangu tun yana fentin jikin matatu, motocin hayar nan, a Kariobangi. Daga baya ya koma ɗaukar hoto, yana naɗar hayaniyar titi, yana tsintar tarkace yana haɗa abin da mutane ke tsayawa kallo. Aikin ban gane shi ba, amma yaron na gane shi. A rumfata ta gwanjo a kasuwar Gikomba ya ga Wachuka, suka so juna, danginsa suka kawo awakin neman aure yadda ake yi.

Sai gobara ta cinye layinmu. Ndirangu ya aiko yana roƙon ƙonannen kwanon rumfar, na ce ya kwashe. Ba a jima ba wata 'yar cocinmu, mai bakin da ba ya rufuwa, ta zo ta ce an rataye hotona a bangon shagonsa a unguwar Westlands, kowa ya kalla ya gane ni. Kai Gitau ko ƙofar wurin ba ka taka ba. Ka ce wanda ya zana fuskar surukarsa sai da ya ƙura mata ido, kuma namijin da ya yi haka ba shi da tarbiyya. Ka sa aka mayar da awaki.

Wachuka ta yi kuka har ta rame. Ƙawayenta suka ce ta tattara kayanta ta koma wurinsa, ai haka ake yi yanzu a Nairobi. Ta ƙi. Abin da ta ce da ni kawai shi ne, "Mama, ina son shi, amma ta ƙofar gaba zan fita daga gidan nan."

Jiya na gaji da ganin ƙashin wuyanta, na hau matatu har shagonsa. Aikin yana can, ya ƙi sayarwa. Bango guda ne: hoton ƙafafun teloli a kan keken ɗinki, ƙafafun masu dako, wata 'yar rediyo tana fitar da kiran 'yan kasuwa. A tsakiya ga kwanona. A kansa hannuwa biyu ne aka zana suna kwance dilar gwanjo, ga karkataccen ɗan yatsana, ga tabon dutsen guga. Babu fuska.

Na ce, "Kai, ina kaina? Ko fenti ne ya ƙare?"

Idonsa na ƙasa ya ce, "Mama, ban san fuskarki yadda zan iya zanawa ba. Hannuwanki kaɗai na taɓa kallo."

Na ce ya sa min jijiyoyi kamar na kaza. Ya ce zai rage. Na ce in ya taɓa su sai na saɓa masa.

To kun ji. Da a ce yarinyar nan ta gudu, da yau kowa ya gaskata tsegumin. Haƙurinta ne ya tsare mata mutunci, shi ya tsare na yaron. Wanda kuma ya yanke hukunci a kan abin da bai gani ba, kunyar tasa ce.

Gitau, tun da babanku ya rasu bakinka ne bakin gidan nan, ni ba zan je gaban dattawan su Ndirangu ba. Ku zauna kai da Nyokabi ku tsayar da wanda zai je ya ce su dawo da awakinsu, da ranar da za a je. Ku faɗa min kafin ku tashi.