Ɓarawon da Ya Rufe Ƙullu

Tun da Sufeto ya fara aikin ɗan sanda bai taɓa zuwa wurin da aka yi sata da sauri irin na safiyar Talatar nan ba. Ba wai ƙwazo ne ya motsa shi ba. Shagon da aka fasa shi ne inda yake shan kofi kowace safiya, shekara tara ke nan, har kujerar kusa da taga ta san nauyinsa.

Mai shagon, wadda duk unguwar ke kira Mai Burodi, tana tsaye a ƙofar baya idonta ya yi ja. An ɓalle kwaɗon ƙofar, yana ƙasa.

"Me aka ɗauka?" Sufeto ya tambaya.

"Uwar ƙullu, yallaɓai."

Kofur, wanda ya riga ya buɗe littafi, ya ɗaga kai. "Uwar wa?"

Ta bayyana musu. Ba ta sa yis na kanti a burodinta. Akwai ƙullu mai tsami da ke zaune a wata babbar kwalba, daga shi ake ɗiba a tayar da burodin kowace rana. Abu ne mai rai: kullum ƙarfe sha biyu na rana sai an ƙara masa gari da ruwa. Mahaifiyarta ce ta haɗa shi shekara arba'in da suka wuce.

"Idan ya faɗa hannun wanda bai san shi ba, kwana biyu ya lalace," ta ce. "Burodina ya zama irin na kowa. Kuma shi kaɗai ne abin mahaifiyata da ya rage yana numfashi."

Kofur ya so ya yi dariya, ya dubi fuskar Sufeto, ya haɗiye ta.

Sufeto ya zaga ɗakin gashin. Injin kofi yana nan, sikeli yana nan, ba a taɓa aljihun teburi ba. A kan dogon teburin akwai babban kwano na ƙullun yau, wanda aka kwaɓa jiya da rana, ranar hutun shagon. An lulluɓe shi da ƙyalle mai danshi, an cusa gefensa ƙarƙashin kwanon tsaf.

"Wa ya kwaɓa wannan?"

"Dogo, mai yi mini gashi."

Aka kira Dogo. Ya shigo yana sunkuyar da kai don kada ya bugi ƙofa.

"Jiya kai ka rufe shago?"

"Ni ne, yallaɓai. Ƙarfe biyu."

"Ka rufe ƙullun kafin ka tafi?"

"Ƙwarai kuwa. Ba na mantawa."

"Da me ka rufe shi?"

"Da leda, kamar kullum."

Sufeto ya matsa gefe, ya nuna masa kwanon. Dogo ya dubi ƙyallen, ya dubi uwar ɗakinsa, gumi ya keto masa.

"To, gaskiya na manta. Ana wasan ƙwallo, na fita da sauri. Amma wallahi ban taɓa kwalbar ba!"

"Ke kika rufe?" Sufeto ya tambayi Mai Burodi.

"Ni? Na zaci shi ne."

Sufeto ya shafa haɓa. Ya ga ɓarayi iri-iri, har da wanda ya tsaya ya ci abinci a gidan da ya fasa. Amma bai taɓa ganin ɓarawon da ya ga ƙullu a buɗe, zuciyarsa ta kasa jurewa, ya jiƙa ƙyalle ya rufe shi ba.

Ana cikin haka motar mai kawo fulawa ta tsaya a bakin titi. Sufeto ya fita ya same shi yana sauke buhu.

"Garin da ake ciyar da uwar ƙullun nan, kai kake kawowa?"

"Ni ne. Garin alkama mai dusa. Duk unguwar nan ita kaɗai ke saye."

"Ba ka sayar wa kowa?"

"Ko cokali."

"To, wannan buhun nata me ya sa ɗinkin bakinsa sabo ne, kuma da baƙin zare?"

Mai Fulawa ya yi dariyar yaƙe, ya sosa ƙeya. "Yallaɓai, kilo biyu ne kawai. Dattijo ne ya tare ni shekaranjiya, na ji kunyarsa. Kawunta ne fa."

Mai Burodi da ta ji haka sai ta nemi kujera ta zauna. Kawu ƙanen mahaifiyarta ne, shi ya koya mata aiki. Wata biyar da suka wuce hannunsa ya soma rawa, ya ƙone a murhu har sau biyu, likita ya ce ya huta. Ya ƙi. Da ta rasa yadda za ta yi da shi, ta canza kwaɗon ƙofa.

"Ba shi ba ne," ta ce. Muryarta ba ta yarda da bakinta ba.

Ƙarfe sha ɗaya da rabi Sufeto da Kofur suka isa ɗakin Kawu, a saman wani shagon tela. Ɗaki ne ɗan ƙarami mai tsafta: gado, kujera biyu, agogon bango, da kabad kusa da taga inda rana ke bugawa.

"Sufeto da kansa!" in ji Kawu. "Yau kofin bai yi daɗi ba ne ka zo ƙara?"

"An fasa shagon 'yarka, Kawu."

"Assha! Duniya ta lalace."

"Jiya ina kake da yamma?"

"Nan. Ƙafata ba ta taka ƙasa ba."

"Garin da ka saya fa?"

"Tattabaru nake ba wa."

Kofur ya leƙa taga. Ko gashin tsuntsu babu.

Sufeto bai sa a buɗe komai ba. Ya cire hula, ya miƙe ƙafa, ya shiga ba Kawu labarin ciwon gwiwarsa. Daga gwiwa ya koma tsadar taya, daga taya ya koma surukinsa. Sufeto in ya ga dama, zai iya yin hira da bango har bangon ya gaji.

Agogo ya buga sha biyu. Kawu ya dube shi, ya kawar da kai.

Sha biyu da minti goma, ya fara murza yatsu.

"Yallaɓai, ba ku da aiki a ofis ne?"

"Yau ba sauri. Ina muka tsaya? Yauwa, surukin nawa."

Sha biyu da minti ashirin da biyar Kawu ya miƙe tsaye.

"Kai, ku kama ni in za ku kama ni, amma ku bari in ba ta abinci!"

Ya buɗe kabad. Ga kwalbar nan an naɗe ta da tawul, ƙullun ya taso yana ƙananan kumfa, ƙamshin tsami ya cika ɗakin. Ya auna gari, ya taɓa ruwa da bayan yatsa ya ji ɗuminsa, ya zuba, ya juya a hankali. Hannun yana rawa, amma ko ɗigo bai zuba ba.

"Me ya sa, Kawu?" Sufeto ya tambaya.

"Makon jiya na sayi burodin shagon, na ci. Na ji uwar ƙullun tana shan wahala. Wannan dogon, ruwan famfo mai sanyi yake kwarara mata, ba awo ba komai. Da ni da yayata muka haɗa ta a kwanon wanke-wanke, ba mu da ko murhu. In zauna ina kallo ta mutu?" Ya goge bakin kwalbar. "Ni na fasa kwaɗon. Ni na rufe ƙullun. Rubuta, Kofur."

Sufeto ya ji tausayinsa ƙwarai, amma an shigar da ƙara, dole a je ofis a ba da bayani.

Da suka sauko, Mai Burodi tana bakin motar 'yan sanda, ko rigar aiki ba ta cire ba. Sufeto ya miƙa mata kwalbar. Ta ɗaga murfin ta shinshina. Wata biyar rabonta da jin wannan ƙamshin, kuma sai yanzu ta gane.

"Kawu, da ka faɗa mini."

"Na zo ƙofa sau uku, 'yata. Makullina bai shiga ba."

Hawaye ya zubo mata. Kofur ya buɗe ƙofar baya, ya riƙe hannun dattijon ya shigar da shi, kamar mai shigar da kakansa.

"Yallaɓai," ta ce, "na janye ƙarar."

"Sai kin zo ofis kin sa hannu."

"Zan zo yanzu. Amma ku sallame shi da wuri, gobe yana da aiki. Murhu na Dogo ne, uwar ƙullun kuwa ta Kawu ce. Ni ban iya riƙe ta ba."

Kawu ya juya fuska wajen ɗaya tagar don kada a ga idonsa. Sai da mota ta tashi ya leƙo da kai.

"Kada ki bar ta a rana kina tsaye kina kuka! Ki kai ta inuwa!"

Ta rungume kwalbar, ta tsallaka titi tana dariya.