Tabarau a Kan Murfin Shayi

Tururin shayi ne ya haɗa su.

Kou Yanbo ya zo Chengdu hutu daga Harbin, garin ƙanƙara, daga shi sai jakar goyo. Ruwan sama ne ya koro shi cikin wani tsohon gidan shayi da ake wasan waƙa na gargajiya kullum da rana. Ya samu kujerar gora a gindin ginshiƙi, aka ajiye masa kofi mai murfi a kan ɗan faranti. Yana ɗaga murfin, tururi ya lulluɓe masa tabarau. Ya cire yana neman abin gogewa, daidai lokacin da mai sauya fuska, ɗan wasan da ke canja fuskokin zane masu launi cikin ƙiftawar ido, ya faɗo dandamali.

Kowa ya ɗaga waya. Shi Yanbo ja da kore da baƙi kawai yake gani suna wulgawa, don in ba tabarau ko tafin hannunsa sai ya matso da shi. Can ganga ta yi shiru. Wata murya ta taso daga bayan labule, siririya, ba gaggawa, ta ɗauki abin da jarumar wasan ta kasa faɗa ta rera mata shi. Bai fahimci kalma ɗaya a karin harshen garin ba, amma har muryar ta sauka tabarau na hannunsa.

Da aka tafi hutun rabin wasa, ya birkice murfin ya saka cikin kofi don kada ya faɗi, ya tashi leƙen labule. Bai ga kowa ba. Ya dawo ya tarar babu shayi, wani tsoho kuma ya baje a kujerarsa yana ɓare 'ya'yan kabewa.

"Gwaggo, shayina fa?" ya tambayi matar da ke yawo da butar ruwan zafi.

"Kai ka sallame shi, ɗan nan," in ji Gwaggo Gan ba ta ko tsaya ba.

Wata dariya ta kufce a bayansa. Yarinya ce cikin rigar sanyi ruwan toka, fuskarta ba kwalliya, ta rufe baki da hannu.

"Yi haƙuri," ta ce. "A nan murfi magana yake yi. In ka jingina shi da faranti, ƙarin ruwa kake so. In ka birkice shi cikin kofi, ka gama, ka tafi. In kuwa za ka dawo, sai ka rufe ka ɗora wani abu naka a kai. Ba mai taɓa maka kujera."

Yanbo ya tsaya yana kallonta.

"Ke ce."

"Ni ce wa?"

"Ta bayan labule."

Kunnuwan yarinyar, Pu Yunshu, suka yi ja. Tun tana makaranta take waƙa a bayan labulen nan, kuma ba baƙon da ya taɓa tambayar wace ce. Ta sunkuyar da kai ta ce wa Gwaggo Gan a kawo masa wani shayin.

Sauran kwanakin hutunsa duk a gindin ginshiƙin nan suka ƙare. Bai je ganin dutse ba, bai je ganin gidan tarihi ba. Da an fara wasa sai ya cire tabarau ya riƙe. Ranar da zai koma, yana cikin jirgin ƙasa saƙonta ya shigo:

"Ɗan ƙanƙara, yau na leƙa ta labule na ga wani mai sanƙo a kujerarka. Na kusa manta baitina."

Ya mayar mata:

"Muryata, ki ce wa mai sanƙo aro na ba shi. Nan jirgi kowa surutu yake, ni ke kaɗai nake ji."

Haka suka yi ta yi har zafi ya shigo. Yana turo mata hoton gadojin da yake aikinsu, tana turo masa waƙa kaɗan kaɗan, wadda take ɗauka a ɗakin kaya tana raɗa. Ya dawo sau biyu. Ta kai shi cin tukunyar barkono, ya yi ta hawaye yana cewa ai ba yaji, tana miƙa masa hankici tana dariya.

Mahaifinta, Tsoho Pu, shi ne makaɗin ganga kuma shugaban 'yan wasan. Daga inda yake zama a gefen dandamali ba abin da ke wuce masa. Wata safiya suna gyaran kaya ya ce, bai ɗago ba:

"Mai ido huɗun nan, me yake nema?"

"Shayi yake sha, Baba."

"Shayin Harbin ya ƙare ne?"

Yunshu ta ci gaba da ninke riga.

"Na ga irinsu da yawa," ya ci gaba. "Su zo, su ɗaga waya, su tafa, su tafi. In ma ya ɗauke ki, wa zai tsaya a bayan labule? Mahaifiyarki ta tsaya a nan har ƙarshen ranta. Ga Shilin, a hannuna ya tashi, shi zai riƙe gidan nan."

Tao Shilin shi ne mai sauya fuska, babban almajirin tsohon, wanda 'yan mata ke layin ɗaukar hoto da shi. Ya daɗe yana ajiye wa Yunshu zuma da busasshen lemo don maƙogwaro. Ita dai Yaya take ce masa, kuma iyakar abin da ke zuciyarta ke nan.

Da ganye ya fara zuba, Yanbo ya zo da kwalin ganyen shayi da sabuwar riga, ya nemi zama da tsohon. Suka zauna a teburin gindin ginshiƙi kafin a fara wasa.

"Kawu, Yunshu nake so. Ba zan raba ta da labulenta ba. Ni zan dawo nan."

"Baki ne ya faɗa. Aikinka na can, mahaifiyarka na can."

"Zan nemi aiki a nan, Kawu. Ai akwai koguna, dole akwai gadoji."

Tsoho Pu ya kurɓi shayi ya ajiye kofin.

"Muryar da kake ji kullum a waya ita ke riƙe da kai. To ka koma. Daga yau har bikin fitilu, ba kira, ba saƙo. In sanyi ya wuce ba ka manta hanya ba, ma yi magana."

Ya birkice murfinsa cikin kofi ya tashi.

Aka ba Yanbo izinin saƙo ɗaya na ƙarshe. Yunshu na bayan labule wayarta ta yi motsi:

"Muryata, na karɓi sharaɗin Kawu. Jirgina ba zai jira ƙarshen wasa ba. Amsata tana kan tebur."

Ta ƙagu a tashi. Ana kaɗa kugen ƙarshe ta fito da sauri, ta ratsa cikin mutane har gindin ginshiƙi. Ga kofinsa nan, murfi a birkice a ciki. Ta tsaya tana kallo. Ita da bakinta ta koya masa ma'anarsa.

Ba ta yi kuka a gaban kowa ba. Ta koma ta taya kwashe kaya, ta ci abinci kaɗan, ta ce kanta ke ciwo.

Washegari jarumar wasa ta yi shiru a inda aka saba, tana jiran a rera mata. Muryar ta taso, ta kai tsakiya, ta karye. Tsofaffin da ke zuwa kullum suka ɗago kai suna duban juna. Sandar kiɗan Tsoho Pu ta tsaya a sama, sannan ya rufe wurin da kiɗa.

Bayan an watse ya kira Shilin gindin ginshiƙi, ya kira Yunshu, ya ce wa Gwaggo Gan ta kawo kofin jiya.

"Miƙo," ya ce wa Shilin.

"Me, Malam?"

"Ni na koya wa hannun nan sauri. Ya fi idon 'yan kallo, bai fi nawa ba. Miƙo."

Shilin ya sunkuyar da kai. Sannan ya zura hannu cikin rigarsa ya fito da tabarau mai kaurin gilashi.

"A kan murfi yaron ya bar shi," in ji tsohon. "Na gani jiya na yi shiru, don ni ma so nake a gama. Amma a gidan nan ba a taɓa yi wa murfin baƙo ƙarya ba. Mayar."

Shilin ya rufe kofin, ya ɗora tabarau a kai. Ya juyo wurin Yunshu, fuskarsa ta gaskiya duk ta yi ja.

"Ƙanwata, ki yafe mini. Na ɗauka in ya tafi za ki waiwayo."

"Yaya, da zan waiwayo ai da tuni," ta ce a hankali, hawaye da murmushi na rige-rige a fuskarta.

Gwaggo Gan ta riƙe haɓa. "Ni abin da ya dame ni, yaya aka yi ya ga jirgin? Kada dai yana can ya hau na wani gari!"

Har tsohon sai da ya kau da kai don kada a ga bakinsa.

Sanyi ya shigo. Kowace safiya Yunshu na wanke kofin, ta goge tabarau, ta mayar. Ranar da gida ya cika har ana tsayuwa, wani mai kawo 'yan yawon buɗe ido ya zo ya ja kujerar.

"Da mai ita," in ji Tsoho Pu daga dandamali.

"Ina yake?"

"Ya ɗan fita."

Da Gwaggo Gan ta tsokani tsohon, sai ya haɗe rai. "Al'ada nake karewa, ba mai ido huɗu ba."

Yunshu ba ta karya sharaɗi ba. In kewa ta dame ta, sai ta ɗaga gefen labule kaɗan, ta ga gilashin na ƙyalli a gindin ginshiƙi, ta ja numfashi ta shiga waƙa. Tsofaffin gida suka ce muryarta ba ta taɓa daɗi kamar na sanyin nan ba.

Ranar bikin fitilu an rataye jajayen fitilu har bakin titi. An yi nisa da wasa sai ga wani ya shigo yana jan manyan akwatuna biyu, yana ba mutane haƙuri, sanye da tsohon tabarau na ƙuruciya da aka ɗaure ƙafarsa da zare. Ya zauna a gindin ginshiƙi kamar wanda ya je bakin ƙofa ya dawo. Ya cire tsohon, ya saka nasa, ya ɗaga murfi ya jingina da faranti.

Muryar bayan labule ta yi rawa, amma ba ta karye ba.

Gwaggo Gan ta nufo shi da buta, Tsoho Pu ya riga ta. Ya bar wa mataimakinsa ganga, ya sauko, ya karɓi butar ya zuba da hannunsa.

"Ka daɗe a waje."

"Hanyar ce da nisa, Kawu. Na samu aikin. Kuma mahaifiyata ta ce ba za ta zauna ita kaɗai tana kallon ƙanƙara ba, tana tafe."

"Tana cin barkono?"

"Za ta koya."

Tsohon ya yi gyaran murya ya koma kan gangarsa. Wayar Yanbo ta yi motsi:

"Ɗan ƙanƙara, wannan tabarau na zare, da shi ka yi ta yawo a gaban mutane?"

"Muryata, ai ba abin da nake son gani a can."

A gidan shayin aka yi biki lokacin da furanni suka buɗe. Shilin ne ya buɗe taro, ya sauya fuskoki har ya tsaya a kan ja mai dariya, ya rusuna wa amarya. Mahaifiyar ango ta ci barkono ta yi ta fifita da hannu, tana cewa a ƙaro mata. Yunshu cikin jar riga ta tsaya a gaban labule karon farko, kunya ta hana ta ɗago kai, sai da Yanbo ya cire tabarau ya ce mata, "Ga shi, ni ma ba na ganin kowa," sannan ta yi dariya ta rera.

Daga nan suka durƙusa gaban Tsoho Pu, Yanbo ya miƙa masa shayi da hannu biyu.

"Baba, sha shayi."

Tsohon ya karɓa ya shanye.

"Ku zauna lafiya," ya ce. "Gashinku ya yi fari tare. Gidanku kada ya rasa ruwan zafi, kada ya rasa waƙa."

Kowa na kallon murfin da ke hannunsa. Ya juya shi sau ɗaya, ya dubi 'yarsa, ya dubi angonta. Sannan ya jingina shi da faranti.

"Tsaye kake yi, mai ido huɗu? Ƙaro."